An Yi Baƙi

Babana, Mijinyawa mai gyaran keke na Ƙofar Kuyambana,
yana da wata sana'a wadda ba ta ɓata riga da baƙin mai.
Ran Alhamis yakan wanke hannu da toka har sau uku,
ya hau motar Kaduna,
kakinsa a naɗe cikin tsohuwar jarida.

Shekara goma sha ɗaya yana masinja a talabijin.
Ba na gaske ba, na wasa.
Ya ɗaga labule, ya durƙusa,
ya ce, "Ranka ya daɗe, an yi baƙi,"
ya fita da baya.
Shi ke nan. Sule goma, da shayi in ya ragu.

Akwati ɗaya ne a unguwarmu,
a zauren Malam Sidi akawun reluwe.
Ran da na fara ganinsa a ciki na ƙwala ihu:
an ƙanƙance Baba,
an zare masa launi, an kulle shi a gilashi!
Sai da Inna ta goya ni, da girmana, har gida.

Shi bai taɓa ganin kansa ba.
Kai tsaye ake yi a lokacin, ana faɗa iska na kwashewa.
Yakan dawo tsakar dare yana warin hoda da gumi,
ya tashe ni: "Jummala, hular ta zauna daidai?"

Sau ɗaya shawara ta kwantar da mai fitowa alƙali,
aka miƙa wa Baba rawani da shafi tara.
Kwana shida yana yanke wa tayoyi hukunci,
yana rantsar da famfo,
yana korar ƙarar da sarƙa ta kai birki.
Daren muka cika zauren har bakin kwata.
Ana buɗe kotu wuta ta ɗauke,
Zariya ta yi ɗif, daga Tudun Wada har gindin Kufena.
Da ya dawo ya ce, "Yaya?"
Muka ce, "Ba a taɓa alƙali irinka ba."
Malam Sidi, da bai iya ƙarya ba, ya dubi takalminsa.
Ina jin Baba ya gane. Bai taɓa tona mu ba.
Mako na zagayowa alƙali ya warke.

Da aka fara naɗa a faifai ya yi shekara biyu a ciki.
Na je nema bayan na yi jikoki.
Wani yaro mai taye ya ce, "Hajiya,
an ɗora wasan ƙwallo a kansu,
sauran kuma gara ta riga ki."

Ya rasu da damina, famfonsa na rataye a ƙusa.
Ran sadakar uku jikana ya banko labule,
ya ce, "An yi baƙi,"
a tsaye, baki cike da ƙosai.

Na ce, "Koma.
Sake shigowa."