Kujerar Injiniya

Gadar da ke kan rafin Wadgaon ni na gina ta.
Ƙafafu huɗu, tsawon mita talatin da biyu,
siminti buhu dubu da ɗari shida.
Rodin bashi na ɗauko a Latur wajen Kasture,
na jinginar da awarwaron Shewanta guda biyu
da gonar waken suyan da ubana ya bari.

Ranar buɗewa an rataya mata furanni,
an fasa kwakwa a kanta, an buga ganga,
an kafa allon dutse mai suna goma sha ɗaya.
Nawa ba ya ciki. Ban damu ba,
suna ba ya biyan lebura.

Rupi miliyan huɗu da 'yan kai nake bin gwamnati.
Fayil na teburin akanta, in ji su.
Akanta ya ce yana Mumbai.
Mumbai ta ce kasafi bai sauko ba,
a dawo bayan Diwali.
Diwali biyu na kunna fitila da man aro.
A ofishin injiniya akwai kujeru tara,
ban taɓa jin an ce da ni zauna ba.

Bashi hanji ne, yana cikin kowa,
amma nawa hanjin Kasture ke ja kullum da safe.

Lauya Nilofar Tamboli, ofishinta a saman shagon mai gyaran fanka,
ta duba kwanan wata, ta cire tabarau.
Ta ce, Tukaram, shekara uku doka ta ba ka,
ka cinye biyu da wata tara wajen gaishe su.
Haƙƙi ma yana tsufa, yana mutuwa a tsaye.
Ina littafin awo? Ina sa hannun injiniya?
Na kwance ƙullin leda. Ɓera ya ɗan taɓa gefe,
amma ya bar mana hatimin.

Takardar gargaɗi ta tafi, shiru.
Sai ta ɗora yatsa kan sharaɗi na ashirin da biyar,
wanda na sa wa hannu ban karanta ba.
Aka naɗa mai sasanci, tsohon alƙali mai ciwon gwiwa.
Ya je har gadar da sandarsa,
ya tsaya motar rake ta wuce, bai ji ta girgiza ba.
Ya rubuta a biya, da kuɗin jinkiri.
Suka garzaya kotu a soke. Kotu ta ƙi.
Suka koma shirunsu.

Nilofar ta ce, hukunci takarda ce
sai an sa mata ƙafa.

Ran wata Talata muka shiga da ma'aikacin kotu,
siririn mutum mai alƙalami a kunne.
Ya fara ƙirga: kwamfuta biyu, kabad ɗaya,
farar mota mai labule,
kujeru takwas.
Ya dubi ta tara, mai juyawa, mai farin tawul a baya.
Ranka ya daɗe, ɗan miƙe.
Injiniya ya miƙe.
A tsaye ya tambaye ni ko zan sha shayi.

Kwana tara cek ya fito.
Shekara shida, kwana tara.

Na biya Kasture, na fanso gona.
Awarwaron an riga an narkar.
Bhika magini, da nake riƙe da ladansa na wata huɗu,
ya tafi saran rake Karnataka, ba wanda ya san lambarsa.
Kuɗinsa na cikin gwangwanin shayi har yau.
An ce mai haƙuri yakan dafa dutse.
Na dafa. Romon ne ya zo da sanyi.

Jiya na ga sabuwar talla a jarida:
ana neman mai gina kwalbati uku a hanyar Ausa.
Shewanta ta karɓe jaridar,
ta shimfiɗa a ƙasa, ta zuba albasa a kai.
Na jira ta shiga ɗaki,
na ɗaga albasa ɗaya, na karanta ranar rufewa.