Ɗakin Sama na Masaukinmu

Kamfani ke biyan kuɗin ɗakin.
Su kawo shi da damin takarda da kwalin taba,
su ce mini: Fusae, kada ya ga titi
sai ya kashe mutum arba'in kafin Laraba.

Numajiri ke nan. Ya dawo daga Bama
da haƙora sha tara da zazzaɓin da ba ya sallama.
Wuta ta tsallake Kyoto,
shi kuwa ƙaurinta na bin sa har kan matakala.

Sojan mamaya sun hana takobi a majigi,
sai ya miƙa wa jaruminsa sandar gora,
ya ce fushi bai san sunan makami ba.
Da aka saki takobi, shekara tara yana yanka.
Ta bangon takarda nake jin sa tsakar dare,
ya yi muryar ɗan fashi, ya yi ta bazawara,
ya yi tari,
ya nemi gafarar wanda ya soke,
sannan ya ƙwala mini kira in ƙaro shayi.

Can suka ce dodo ake yayi.
Ya tono musu wani daga gindin teku
mai tattake birni kamar kwandon ƙwai.
Na sayi tikiti. Yara na ihu,
ni kuwa idona na kan wata tsohuwa a gefen allo
tana gudu rungume da tukunyar shinkafa,
ta ƙi yar da ita.
Uwarsa ce, daren da Osaka ta ci wuta.
Daƙiƙa huɗu darakta ya bar mata.

Sunansa kan fito ne sa'ad da 'yan kallo
ke laluben kujera cikin duhu.
Fim sittin da uku. Shi ya ƙirga, ba ni ba.

Akwai wani rubutu a ƙasan jakarsa,
babu takobi, babu dodo:
soja biyu a bakin kogi suna raba gishiri.
Sau shida ya kai ofis,
sau shida aka ce: wa zai biya ya kalli gishiri?

Talabijin ta shiga gidaje.
Silimar unguwarmu ta koma gidan caca.
Ya ari wani suna, ya yi wa yara labarin mutum-mutumi.

Zuwansa na ƙarshe shi ya biya da aljihunsa.
Kwana uku ban ji muryar kowa ta bango ba.
Da na hau shara, teburin nan mai ɗingishi
ya tsaya cak.
Na duƙa: shafi ne a ninke ƙarƙashin ƙafar,
na ga kalmar kogi, na ga rabin gishiri.

Ban zare ba.
Baƙi na yabon teburin har yau.