Mai Riƙe Sandar Murya

Ni ba a ganina a talabijin.
Aikina in tsaya bayan fitila,
hannuwa sama kamar mai shanya,
doguwar sanda, makirufo a bakinta,
ina kamun murya, ina kamun numfashi.

Shekara goma sha tara ke nan a situdiyon Kawasaki.
Darakta fuska yake kallo,
mai kyamara haske yake aunawa,
ni kuwa ɗan ramin da ke tsakanin magana da magana
shi nake bi bashi.

Yau cin abincin dare ake ɗauka.
Mutum biyar a kan tatami, gwiwoyi a naɗe,
a gidan da bangonsa uku ne kacal.
Miyar miso ta huce tun ɗauka ta huɗu,
kifin faranti ya manta da an taɓa yi masa gashi.

Hatsue ce kaka, saba'in da shida,
takan riga mai shara isowa.
Masatoshi da Chizuru, miji da mata a takarda,
ba sa ga maciji a ɗakin kwalliya,
kowa da madubinsa, kowa da nasa fushi.
Rinko 'yar tara ce, haƙorinta ɗaya yana girgiɗi.
Genta, daga dandalin rawa aka ɗauko shi,
ya haddace layinsa kamar lambar waya,
ba ya jin kowa, jira yake kawai
a kai gaɓarsa ya zuba ya tashi.

Ɗauka ta goma sha ɗaya.
Hatsue za ta ce musu ta sayar da gidan.
Ta buɗe baki,
maganar ta gudu.
Ni na ji gudunta kafin kowa:
harshe ya taɓa ganda, miyau ya wuce,
sai wani siririn nishi.

Daƙiƙa uku.
A aikinmu daƙiƙa uku rijiya ce.

Masatoshi bai ɗaga kai ba,
ya tura kofinsa gefe da yatsa biyu,
ashe butar shayi tana hannun Chizuru tun kafin ya tura.
Ta zuba ba ta duba ba, ko ɗigo bai zube ba,
ka rantse shekara talatin suka yi ƙarƙashin rufi ɗaya
suna raba daɗi da rashi.

Ƙarƙashin tebur Rinko ta shuri Genta.
Ya waiwayo, lambar wayar ta faɗi daga kansa,
ya ga tsohuwa tana neman hanya a cikin kwanonta.
Ya ce, da muryar da ban taɓa kamawa ba,
"Kaka, shinkafarki za ta huce."
Babu wannan a rubuce. Na duba daga baya.

Sai maganar ta dawo mata,
ba da ƙarfin da aka tsara ba,
a hankali, kamar mai ajiye ƙwai:
"Na sayar da gidan."
Hannun darakta da ya ɗaga don ya tsayar
ya tsaya a sama tare da nawa,
ya kasa sauke shi.

Da aka gama, kowa ya koma kayansa.
Chizuru ta wuce Masatoshi kamar ta wuce turken lantarki.
Kada ka tambaye ni yadda abin yake,
ba soyayya ba ce, ba ma shiri ba ne,
wani abu ne da ke sauka in kunne biyar sun buɗe lokaci guda,
in an kira shi ba ya zuwa,
in ya zo ba a iya riƙe shi.

Kafin su miƙe na roƙi abin da nake roƙa kullum:
rabin minti na shiru, don masu haɗa sauti.
Suka zauna, ba mai motsi.
Na rufe ido, na ƙara murya.
Fanka can nesa. Jirgin ƙasa ya nufi Yokohama.
Na ƙirga ƙirji biyar a ƙarƙashin sandata,
na ji guda ɗaya tak
yana numfashi.