Kullu Ba Ya Jiran Majalisa

Ƙarfe uku na dare a titin Warren,
ni ke buɗe ƙofar baya.
Dearborn na barci, ƙanƙara ta lulluɓe motoci,
ni da buhun fulawa muke fara gaisawa.

Masu gidan burodin biyu ne, wa da ƙani,
ciki ɗaya, alƙibla ɗaya,
ɗan curin ƙasar Karbala iri ɗaya
suke ɗora wa goshi a sujada.
Amma Jabbar na bayan masu zaman dirshan,
Sattar na bayan waɗanda suka riƙe kujera.

Talabijin na rataye saman firiji.
Can ƙasarsu hantsi ya riga ya yi.
Kyamara na yawo a zauren majalisa:
kujeru fayau, robobin ruwa ba wanda ya buɗe,
wani dattijo na ƙirga kawuna da bakin biro.
Ba su cika ba. An ɗage zama.
Wata tara ke nan ana ɗagewa.

"Mu muka fi ƙuri'a," in ji Jabbar,
yana naushin kullu kamar shi ya yi laifin.
"Kun fi ƙuri'a, kuka yi fushi kuka fice,"
in ji Sattar, "wa ya kore ku?
Wanda ya bar tabarma ai bai ce a ajiye masa wuri ba."
Daga nan sai Larabci ya yi gudu ya bar ni a baya,
ina tsintar kalma ɗaya cikin goma:
shugaba, amana, ɓarayi, jini.

Ni Tanimu, mutumin Funtuwa,
ina yaro na ga baƙaƙen tutoci sun bi hanyar Zariya,
na ɗauka duk mai baƙar tuta bakinsu ɗaya.
Ashe tsintsiya ma takan kwance.

Tandar dama ta mutu tun watan Safar.
Sabuwa tana son cek,
cek yana son hannu biyu.
Yana nan ƙarƙashin kwalbar riɗi,
maiƙo ya taɓa gefensa.
Wannan ya ce sai mai gas, wancan ya ce sai ta lantarki,
ni kuwa ina gasa aikin tanda biyu a tanda ɗaya,
gashin hannuna ya ƙone har gwiwa.

Huɗu da rabi waya ta yi ƙara.
Uwarsu ce.
Suka matso kafaɗa da kafaɗa don fuska biyu ta shiga gilashi ɗaya.
Ta ce asibiti sun ce ba allurar sukari,
sai an yi kasafin kuɗi,
kasafi sai an yi gwamnati,
gwamnati sai Allah ya yi.
Ta ce jikanta Muntazar kwana goma sha ɗaya
yana kwana cikin tanti a ƙofar majalisa,
ta aika masa da bargo, ya aiko mata da hoto.
Ba ta tambayi wa ke da gaskiya ba.
Ta ce, "Kun karya?
Wannan bawan Allah da ke muku aiki, kun ba shi shayi?"

Shiru ya zauna a tsakaninmu.
Sai ƙarar firiji.

Na waiwaya, kullu ya kumbura ya ɗaga murfi,
yana zubowa ta bakin roba,
bai jira a cika adadi ba.
Jabbar ya yanka, Sattar ya murza,
ni na jera a faranti,
ba wanda ya kalli wani.

Biyar da kwata layi ya kai bakin titi:
masu aikin dare daga masana'antar mota,
wata tsohuwa da jakar saƙa,
direban bas yana hura hannu.
Na ɗaga kwalbar riɗi zan barbaɗa,
na ga sa hannu ɗaya a kan cek,
tawada ba ta bushe ba.
Rubutunsu iri ɗaya ne,
ban gane na wane ne ba.