Babban Yatsa

Ranar Talata na miƙa wa Rabe makulli,
na ce ya wanke motar, ya duba ruwan lagireto.
Lasina ya mutu tun watan Safar,
masu fararen kayan nan na hanyar Mashi kuwa
ba su san wani tsohon direba ba.

Na bi ta Ƙofar Durɓi a bayan acaɓa.
Ni da ake ce wa, "Malam Sada, a hankali,"
yau ni ke faɗa, ina riƙe da hula,
yaron ko waiwaye bai yi ba.

Benci ɗaya a ofis, mu goma sha uku:
mai tifa da ƙurar yashi a gira,
malamar asibiti tana ta duban agogo,
wani saurayi yana karya hula saboda hoto.
Aka leƙo aka ce sabis ya ɗauke.
Muka zauna jiran baƙo
wanda ko kamanninsa ba mu sani ba.

Na zaro lasin farko daga jakar fata,
wanda na yanka ina ƙaramin direba.
Yaron da ke ciki ya zuba mini ido,
haɓa sumul, wuya kamar na zalɓe.
Na ce, "Ni ne fa."
Bai yarda ba.

Bayan azahar sabis ya ga dama.
"Baba, rufe ido ɗaya, karanta allo."
Layin sama na karanta da gadara,
na biyu da lallami,
na uku na yi shahada.
Ni da na san kowane rami daga nan har Daura,
cikin dare, ana ruwa, da fitila ɗaya!
Ya rubuta tabarau a gefen takarda,
ramukan nan ba su cikin tambaya, ban kawo su ba.

Sai wurin Murja mai na'urar yatsu.
Na ɗora babban yatsa, wuta ta yi ja.
"Shafa shi a goshi, Baba, ya ɗan sami maiƙo."
Na shafa. Ja.
Na hura masa iska, na goga a riga. Ja.
Ta kama hannun ta juya shi tana kallo:
"Zanen ya goge."
Shekara talatin da huɗu sitiyari yana lasa,
ya cinye rubutun da aka haife ni da shi,
ko sallama bai yi mini ba.

Manuni ya gwada, aka kore shi.
Na tsakiya ma haka.
Sai ɗan autan hagu, malalacin nan
da ke miƙewa sama in ina shan shayi,
bai taɓa canza giya ba, bai taɓa ɗaure taya ba,
shi ya hau, wuta ta yi kore.
Mai tifa ya yi dariya har da tari.
Ashe gwamnati ma, in za ta shaida mutum,
ba wanda ya sha wahala take tambaya ba.

"Na shekara uku za a yi, ko na biyar?"
Na yi shiru.
Na tuna Tukur, da muka sabunta tare wancan karon,
nasa yana nan a aljihun rigar da aka rataye,
da sauran shekara biyu a jiki.
Na ce, "Sa uku, ƴata.
Biyun can ba ƙi na yi ba,
ofishin da ke ba da su ne ba a nan yake ba."

Ta ba ni takarda, kati sai an kira ni.
Na ninke ta huɗu, na sa ƙarƙashin hula.

La'asar sakaliya na iso tasha,
Rabe yana ta, "Daura mutum ɗaya!"
Na zauna, na yi bisimilla, na ɗora hannu.
Babban yatsan ya faɗa gurbinsa,
inda fatar sitiyarin ta lotsa daidai shi.
Nan ba a ce in shafa goshi ba.