Kwaɗo Biyu, Ƙofa Ɗaya

Ni masinjan kotu ne.
Shekara goma sha tara ina kai takarda
gidajen da ba a yi mini sannu da zuwa,
amma ban taɓa kai ta
inda nake ajiye goshina ba
sai wata Talata.

Masallacin layinmu ne, a Unguwar Sanusi,
mai koren fenti, da rijiya a gefe.
Na liƙa odar da sitaci
ƙarƙashin allon lokutan salla:
a miƙa makulli da littafin asusu
ga kwamitin riƙo kafin Juma'a.
Ga hatimi, ga sa hannu.

Alhaji Tanimu ya karanta, tabarau a karan hanci.
Ya ce, "Ranar da muka aza tubalin nan
alƙalin naku yana tsotson yatsa.
Ɗakin Allah ba ya jin umarnin ɗan jiya."
Ya zaro kwaɗo, ya datse ƙofa.
Kafin la'asar su Hashimu sun iso da nasu,
ya fi girma, sabo fil daga kasuwar Barci,
suka ɗora shi a kan na farko.

Muka koma salla a bakin kwalta,
kan kwalaye da buhunan siminti,
'yan keke na yanka sahu da ham.
Ladan Iro, da aka kulle wa lasifika a ciki,
ya riƙa hawa gindin tankin ruwa
yana kira da tsurar maƙogwaro.
Muryar ba ta wuce teburin mai shayi.

Damina ta sauka.
Kwaɗin kwata suna ta kuka,
na ƙofa sun yi gum.

Sammaci na biyu, ni na kai. Na uku ma.
Aka ce ba ya nan,
ga takalmansa suna kallona a zaure.
Bayan sallama na miƙa hannu dama da hagu,
ya dawo mini da sanyinsa.
Wani ya ce na sayar da alƙibla don albashi.

Ranar zama alƙali bai ɗaga murya ba.
"Ba ni ka raina ba, Alhaji.
Kujerar nan ta riga ni, za ta kuma bar ni.
Kai da ka tsufa a sahun gaba,
in liman ya yi ruku'u
kakan tsaya ƙiƙam don ka girme shi?
Makulli, ko kwana bakwai."

Ya zaɓi bakwai.

An ce a can ciki
wani yaro da ya ɗauke janareta shi ke limanci.
Alhaji ya bi shi salla talatin da biyar,
bai ko tambayi wa ke riƙe da makulli ba.
Kowa ya san gandiroba ne.

Da ya fito bai biya gida ba.
Ya same ni a barandar kotu,
ya saka mini makullin a tafi, da ɗuminsa,
bai ce uffan ba.

Sai dai tsatsa ta riga mu.
Nasa ya ƙi juyawa,
su Hashimu kuwa sun ɓatar da nasu tun watan jiya.
Bulus mai walda ne ya yanke duka biyun,
aka miƙa masa kuɗi, ya kaɗa kai ya tafi.

A ciki darduma ta yi funfuna,
kwano ya yi yoyo daidai inda liman ke tsayawa,
agogon bango ya mutu a huɗu saura.
Aka fasa asusu a gaban kowa:
dubu huɗu da ɗari uku da hamsin,
da maɓallin riga guda.
Lauyoyi biyu suka dubi agogon hannunsu.

Na ɓanɓare takardar, fenti ya biyo ta.
Har yau tabon na nan, mai kusurwa huɗu.
Da asuba Alhaji kan tsaya a damana,
kafaɗarsa na taɓa tawa,
muna jiran a ce, "Ku daidaita sahu."