Zoben Shayi a Kan Hatimi

Ran Talata na tarar da jan gicciye a ƙofar rumbuna,
fentin bai bushe ba, har ya kama mini hannun riga.
Ba sallama, ba sammaci.
Ƙusa ɗaya, takarda ɗaya, hatimin magajin gari:
kwana uku, in kwashe.

Shekara goma sha tara ina nan bakin hanyar Bilbis
ina juya albasar Galmi kada ta yi gumi.
Patanti na biya. Rasit na cikin gwangwanin madara
tun na shekarar da Zali ta haifi tagwaye.
Wa ya tambaye ni?
Ko akuya ce ta yi ɓarna a Tawa,
sai an nemo mai ita an ji ta bakinsa.
Ni an yi mini aski ba na nan.

Na je kotu da silifa mai tsinkakkiyar igiya.
Mai shari'a mace ce, tabarau a ƙarshen hanci.
Ta ce, an kira ka?
Na ce a'a.
An ba ka rana ka kawo hujja?
Na ce ranki ya daɗe, ƙusa aka aiko mini.
Ta rubuta: a dakata, har a ji kowa.

Tsahiru ɗan saƙon kotu ya ɗauke ni a bayan babur.
Abarshi, shugaban ofishin filaye, ya karanta a tsaye,
ya sa hannu, ya shimfiɗa ta a tebur,
ya aza kofin shayinsa a kai.
Ya ce, su suna da biro,
mu muna da katafila.

Juma'a, ko addu'ar asuba ban shafa ba.
Nomau ne ke tuƙi, Nomau da ya ci tuwon sunan ƴaƴana.
Bai dube ni ba.
Na ɗaga takardar sama da hannu biyu,
iska ce kaɗai ta karanta.
Buhu tamanin da huɗu a ƙarƙashin ƙarfe.
Da yajin ya tashi, unguwa duk ta yi hawaye,
har ƴan sanda suna share ido da hula,
ba don tausayi ba.

Sati biyu, aka kira Abarshi.
Ya zo da farar shadda, ya ce umarni bai iske shi ba.
Tsahiru ya buɗe jaka.
Ga sa hannunsa. Ga zoben shayi, ja-ja, daidai kan hatimi.
Na ce yau kam ƙarya ta ƙare,
yanzu za a tasa ƙeyarsa.

Sai mai shari'a ta ce, zauna,
faɗi naka, ina saurare.

Raina ya ɓaci.
Na ƙirga a agogon bango: minti arba'in da bakwai
yana kame-kame, tana rubutawa,
har ruwa aka kawo masa.
Can wajen minti na talatin na gane
abin da ake zuba masa a kofin nan
shi ne abin da ya hana ni.
Na yi shiru. Ya sha.

An ɗage zama sai bayan salla.

Wataƙila hanyar na son faɗi, ban musa ba,
motocin Agadas na gogar juna a kwanar.
Da an ce Arzika, zo, zauna,
da na ce a bar ni in sayar da na bana,
da na cire kwanon rufina da hannuna.
Maganar ba ta fi shan shayi ɗaya ba.

Yanzu tabarma nake shimfiɗawa gindin bedi,
kashi-kashi, na dala ashirin.
Takardar na cikin gwangwani tare da rasit.
Jiya an yi yayyafi.
Da safe na bi ta kangon,
albasa ta tsiro tsakanin buraguzai,
kore shar,
ba ta nemi izinin kowa ba.